Gajere da Rijiyar Magajin Haladu

Tun da finafinan Jafan suka fara shigowa gidajen kallo, daga baya kuma suka koma cikin wayoyin hannu, wata magana ta sami gindin zama a bakin samari, har da wasunmu ɗalibai masu nazarin adabi. Maganar ita ce wai jarumtaka ta ƙare a wurin samurai, watau mayaƙan Jafan na zamanin da, domin shi samurai in an ci shi da yaƙi, ko ya yi abin kunya, ba ya jira a kama shi, sai ya zare takobinsa ya farke cikinsa da hannunsa. Wai mu Hausawa ba mu da irin wannan zuciya, shi ya sa adabinmu ba shi da labari mai nauyi irin nasu. Ni dai ban yarda da kashin farko na wannan magana ba ko kaɗan. Kashi na biyu kuwa, watau zancen rashin nauyin, akwai ƙamshin gaskiya a cikinsa, amma ba ta inda masu faɗar suke tsammani ba. Abin da nake so in gwada ke nan a wannan 'yar maƙala, kuma daga ƙasar Katsina za mu tashi.

A cikin kayan sarautar Katsina akwai wani takobi da ake kira Gajere. Labarin baka ya ce da shi ne Korau ya yanka Sanau, sarki na ƙarshe a gidan Durɓawa. Shi Korau ɗan kokawa ne, mutumin 'Yandoto, garin nan da ke kusa da Tsafe, wanda duk ɗan Funtuwan da ya taɓa bin hanyar Gusau ya wuce ta gefensa. An ce sai da matar Sanau ta ci amanar mijinta, ta raba shi da layunsa, sa'an nan Korau ya iya kayar da shi. Masana tarihi irin su Dokta Yusufu Bala Usman, a littafinsa na tarihin Katsina da ya fito a 1981, sun sa zamanin Muhammadu Korau a ƙarni na 15. Wani Bature mai suna Bivar, wanda ya wallafa littafi kan kayan yaƙin Arewa a 1964, ya duba takobin, akwai kuwa rubutun Larabci a jikinsa. Gajere yana da ɗan'uwa a fada, ana ce da shi Bebe, wanda aka ce daga hannun Gobirawa aka ƙwato shi a fagen fama. In muka leƙa Daura kuma, ga takobin da ake dangantawa da Bayajida, wanda ya sare kan macijiya a rijiyar Kusugu.

To, mai karatu ya lura da abu guda. Kowane ɗaya daga cikin takubban nan da wanda ya kashe ake tuna shi: wannan Sanau, wancan macijiya. Babu wanda ake girmamawa don ya sha jinin mai shi. A wurin Bahaushe tsinin takobi waje yake kallo. Bugu da ƙari, Bahaushe bai ɗauki takobi a bakin ransa ba. Barth, matafiyin nan na Jamus da ya zo Katsina da Kano a 1851, ya ƙiyasta cewa ruwan takobi wajen 50,000 ake shigowa da su Kano kowace shekara, mafi yawansu ƙirar garin Solingen na ƙasarsu, ta hanyar Sahara. A nan gida sai maƙera su sa mariƙi, dukawa su ɗinka kube da hamila. Watau haja ce ta kasuwa, kamar gishiri da kanwa, in ta karye a sayi wata. Maƙerin da ke gyara ta shi ne dai mai ƙera garma da fartanya da lauje, kuma a ƙasa irin tamu ta noman dawa da masara da auduga kowa ya san wanne ya fi kawo masa ciniki.

A Jafan abin ba haka yake ba. Can daga wani irin yashi mai baƙin ƙarfe ake narko tama, a cikin murhun yumɓu da ake hura wa wuta kwana uku ba dare ba rana. Maƙeri ya buga ƙarfen ya ninke, ya sake bugawa ya ninke, har fiye da sau goma, don ya fitar da dattin da ke ciki. Kafin ya tsoma shi a ruwa sai ya shafe shi da laka, kauri a gadon baya, kaɗan a wajen kaifi, saboda bakin ya yi tauri, bayan kuma ya yi taushin da zai hana shi karyewa. A nan ne takobin ke samun ɗan lanƙwasar nan tasa. Maƙeri yakan zana sunansa a gindin da ke shiga cikin mariƙi, shi ya sa har yau ake ambaton irin su Masamune, wanda ya yi zamani wajen shekara 700 da suka wuce. Samurai yakan soke takubba biyu a ɗamara, dogo mai suna katana da gajere mai suna wakizashi. A 1588 mai mulkin ƙasar, Hideyoshi, ya sa aka bi ƙauyuka aka karɓe makamai daga hannun manoma, sannu a hankali kuma rataya takubban nan biyu ya zama alamar 'yan gata kawai, waɗanda ba su kai kashi ɗaya cikin goma na jama'a ba, kuma da shinkafar manoman nan ake biyansu albashi. Ina roƙon mai karatu ya riƙe wannan a zuci, don finafinai ba su cika faɗarsa ba.

Farke cikin da ake magana, wanda suke kira seppuku, duniya kuma ta fi sani da harakiri, ba da dogon takobin ake yinsa ba, da gajeren ne ko da wuƙa. Sun zaɓi ciki ne don a ganinsu nan ne mazaunin rai da niyya, kusan yadda mu ma muke cewa wane mai zurfin ciki ne, ko farin ciki da baƙin ciki. Mutum ya buɗe cikinsa, wai a ga ba ya ɓoye da komai. A bayansa kuma akwai wani tsaye da katana, wanda zai sare masa wuya don a gajarta azabar. Da farko abin na fagen fama ne, kamar yadda Minamoto Yorimasa ya yi a 1180 bayan an ci su da yaƙi a Uji. Amma a zamanin mulkin gidan Tokugawa, daga 1603 zuwa 1868, lokacin da yaƙi ya kwanta, sai ya rikiɗe ya zama hukuncin kisa da ake yanke wa manya. Shari'a ce za ta ce ka yi, a shimfiɗa maka tabarma, a sa maka fararen tufafi, shaidu su zauna. Har ta kai wani lokaci maficin hannu ake ajiye wa mutum a maimakon wuƙa, da ya miƙa hannu zai ɗauka sai na baya ya sauke takobi. Talaka kuwa in ya yi laifi hauni ne ke gamawa da shi, ba tabarma ba fararen kaya. An soke wannan hukunci a 1873, a 1876 kuma aka hana yawo da takobi.

Yanzu mu komo gida. Shin an taɓa samun sarkin Hausa da ya kashe kansa don an ci shi da yaƙi? An samu, a Katsina ma kuwa. Lokacin jihadi, da rundunar su Malam Ummarun Dallaje ta fi ƙarfin sarautar Haɓe, Sarki Magajin Haladu ya bar birni ya yi arewa, ya ja daga a Ɗankama, garin da ke bakin iyakar Nijeriya da Nijar a yau. Wajen 1807 aka ci su a can. Sarki ya ga ba gaba ba baya, sai ya faɗa rijiya. Wasu ruwayoyi sun ce a nan Ɗankama rijiyar take, wasu sun ce a Tsirkau ne ta ƙasar Daura. Mutanensa suka naɗa Ɗan Kasawa, suka yi Damagaram, daga bisani wajen 1819 suka kafa sarautarsu a Maraɗi, inda har gobe sarkin ake ce masa Sarkin Katsina. Gajere kuwa yana birni, a fadar waɗanda suka gaji sarautar bayan jihadi. Takobi ya bi mai nasara, sarki ya bi rijiya.

Ga mutum magajin Korau, wanda kakanninsa suka riƙe ƙasa fiye da shekara 300, ga makamai kewaye da shi, amma da ya yanke shawarar barin duniya bai juya ko ɗaya a kansa ba. Babu tabarma, babu shaidu, babu wanda ya tsaya masa a baya, domin al'adarsa ba ta tanadi wani tsari na irin wannan mutuwa ba, addininsa kuma, kamar yadda ya zo a Suratun Nisa'i, ya haramta ta ƙarara. Hanyoyin da al'ada ta san wa wanda aka rinjaya su ne ya mutu yana fuskantar abokan gaba, ko ya yi ƙaura ya sake shiri. A shekara guda, 1903, an ga misalan duka. Wazirin Kano Ahmadu ya faɗi a Kwatarkwashi yana kai wa Nasara hari. A Giginya mutane sun tsaya a gindin tuta har aka ƙarar da su. Sarkin Musulmi Attahiru ya yi hijira gabas, aka cim masa a Burmi, ya yi shahada ran 27 ga Yuli. Wanda ya ce waɗannan ba su da zuciya, to, bai san abin da ake kira zuciya ba. Ƙarfen Nasara ne ya kashe su, ba nasu ba.

Inda nake ganin masu sukar adabinmu suna da gaskiya shi ne a nan: me muka yi da Magajin Haladu? Littattafan tarihi sukan ba shi layi ɗaya ko biyu su wuce. Makaɗan fada ba aikinsu ba ne, su mai ci suke yi wa kiɗa. A ƙagaggun labaran da muka taso muna karantawa a aji kuwa babu ko inuwarsa. Alhali abin da ya biyo bayan faɗawarsa rijiya mu mutanen kudu, Katsinar Laka, muka fi kowa jin sa a jika, don jikokin waɗanda suka naɗa Ɗan Kasawa su ne Maraɗawan da suka yi shekaru suna ratso dajin Rugu suna kawo hari, musamman zamanin Ɗan Baskore, manoma suna barin amfanin gona suna gudu cikin ganuwa. Dajin nan kuwa har a zamaninmu bai daina aiko mana da baƙin dare ba. Wanda ya tuna kwashe 'yan makarantar Ƙanƙara fiye da 300 a Disambar 2020 ya san abin da nake nufi.

Mu ɗauki Ganɗoki na Malam Bello Kagara, ɗaya daga cikin littattafai biyar da gasar 1933 ta haifar, kuma wanda ya fi su duka ƙarar takobi. Ba na jayayya da gwanintar marubucin. Kirarin da ke ciki yana sa tsikar jiki ta tashi, kuma sashen farko, inda tauraron ke yaƙar Nasara tare da Sarkin Sudan na Kwantagora, yana da ɗumin abin da aka ji daga bakin waɗanda suka gani. Amma duba abin da ya faru da aka zo daidai gaɓar da ta fi kowace nauyi, watau ranar da takobi ya tabbata ba shi da amfani a gaban bindiga mai ruwa. Nan take sai labari ya bar ƙasar Hausa, Ganɗoki da ɗansa Garba Gagare suka faɗa duniyar aljannu da dodanni, inda takobi ke ci har yanzu. Da ya dawo, ƙasa ta riga ta kwanta, ga makaranta ga yara suna jiran tatsuniya. Watau marubuci ya tsallakar da tauraronsa ta saman rijiyar, bai bari ya leƙa ba. Na san a ƙarƙashin idon Rupert East aka rubuta littafin, ma'aikacin gwamnatin da ta ci ƙasar, don haka ba kowace magana za ta fita ba. Wannan uzuri ne ga Bello Kagara. Mu da muka zo bayansa da shekara kusan casa'in fa, mene ne namu uzurin?

Sai dai in za mu koyi wani abu daga Jafan, ya kamata mu san daga wa za mu koya, domin su ma bakinsu bai zo ɗaya ba. Ayyuka biyu da suka fito kusan lokaci guda sun isa misali.

Na farko gajeren labari ne na Yukio Mishima mai suna Yukoku, watau kishin ƙasa, wanda ya fito a 1961, ya kuma mai da shi fim a 1966 ya fito a ciki da kansa. Wani ƙaramin hafsa ne abokansa suka yi tawaye a Fabrairun 1936, ya san za a umurce shi ya yaƙe su, sai ya zaɓi ya kashe kansa, amaryarsa ta bi shi. Ta fuskar salo, Mishima gwani ne na ƙarshe, kuma gwanintar ce abin tsoron. Ya wanke mutuwar ya shafe ta da turare, ya jera ta kusa da daren amarci har mai karatu ya kasa raba su. Babu maƙwabci a labarin, babu mai zuwa ya wanke ɗakin da safe. Ran 25 ga Nuwamban 1970 Mishima ya shiga wani barikin soja a Tokiyo, ya tsaya a bene ya yi kira ga sojoji su tashi, suka yi masa ihu da dariya, ya koma ciki ya yi abin da tauraronsa ya yi, yana da shekara 45. Yaron da aka sa ya sare masa wuya ya yi ta sara bai gama ba, sai da wani ya karɓa. A takarda kam ba haka abin ya kasance ba.

Na biyu fim ne na Masaki Kobayashi mai suna Harakiri, na 1962, wanda ya sami lambar yabo a bikin finafinai na Kan a Faransa a 1963. An gina shi a shekarar 1630, zamanin da aka rushe gidajen sarauta da yawa, barorinsu suka bazu ba aikin yi. Wani saurayi samurai ya je ƙofar wani babban gida ya ce a ba shi wuri ya kashe kansa, da fatan za a ji tausayinsa a ba shi 'yan kuɗi a sallame shi, don matarsa da jaririnsa suna kwance ba lafiya. Manyan gidan suka ce sai ya cika maganarsa. Da aka zare takubbansa sai aka ga ashe gora ce, ya riga ya sayar da ƙarfen saboda iyalinsa. Suka ce ai takobi shi ne ran samurai, da nasa zai yi. Suka zauna suna kallo yana fama da gora. Surukinsa, wani dattijo, shi ya zo daga baya ya zauna a wannan tsakar gida, ya warware musu labarin sannu a hankali, sa'an nan ya jefo musu tukkun gashin manyan jarumansu uku da ya aske a faɗa, waɗanda suka ɓuya a gida wai ba su da lafiya, maimakon su yi abin da suka tilasta wa yaro. A ƙarshe ya kayar da sulken kakanninsu da suke yi wa sujada, sai ga shi fanko, ba kowa a ciki. Da bindiga suka iya gamawa da shi. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne rufewar fim ɗin, inda wakilin gidan ya sa aka share tsakar gida, aka rubuta a littafin tarihin gidan cewa mutanen da suka mutu ciwo ne ya kashe su.

A ganina Kobayashi ya fi Mishima nesa ba kusa ba, kuma ba don ya fi shi tausayi kawai ba. Ya fi shi tambaya. Wa ya kafa wannan doka, wa take ci, wa ke zamewa in ta zo kansa, wa kuma ke riƙe da alƙalamin da zai rubuta abin da ya faru? Samarinmu masu sha'awar samurai ɗaliban Mishima ne ko ba su taɓa jin sunansa ba. Ban ɗauki wannan sha'awa da wasa ba, domin mun ga inda ƙawata mutuwa ke kai yaro. Kalmar ƙunar baƙin wake a da karin magana ce, daga labarin mutumin da aka ce za a ƙone shi, ya rungumo ɗan sarki suka ƙone tare. Tun daga harin hedkwatar 'yan sanda ta Abuja a Yunin 2011 ta tashi daga karin magana ta koma kanun labarai, kuma kowane yaro da aka ɗaura wa bam sai da wani babba ya fara zaunar da shi ya gaya masa mutuwar tana da kyau, shi kuwa babban ya koma gida.

Saboda haka ba ina kira ba ne a yi wa Magajin Haladu waƙar yabo, ko a mai da rijiyarsa wurin ziyara yadda Jafanawa suka mai da kaburburan barorin nan 47 da suka rama wa ubangidansu, aka kuma yanke wa 46 daga cikinsu hukuncin farke ciki a 1703. Ina kira ne a dube shi. Ƙungiyarmu kowace shekara tana shirya wasan kwaikwayo a makon Hausa, kusan kullum kuma a kan auren dole ko ɗan ƙauye a birni. Ga jigo nan a ƙofar gida, da sarki, da masu naɗin sarki da ke raɗa tun bai mutu ba, da malamin da za a tambaya ko ya halatta a yi wa gawar salla, da bawan da ya riƙe masa linzami har bakin rijiya. In ni aka ba alƙalamin, ba ma da fada zan buɗe labule ba. Zan fara da matan garin da suka fito da tuluna da asuba, suka tarar da dawaki sun kewaye rijiyar, wani dogari kuma yana gaya musu yau ba ɗiban ruwa.